Askar da Mumuni Ya Mayar Cikin Zabira

Na fara sanin Mumuni Wanzami a watan Afrilu na 1958, a gindin tsamiyar bakin kasuwar garinmu, tsakanin Tasawa da Mayahi. Ba zan faɗi sunan garin ba, domin gidan sarautar da zan yi magana a kansa yana nan, jikokinsa kuma sun iya karatu. Shekarata goma sha takwas a lokacin, na fito daga makarantar mishan ta Maraɗi da gajeren wando da alƙalami a aljihu. Shi yana da ashirin. Na zauna ya yi mini aski, ya aske rabin kaina, sai ya tsaya ya zaro wata takarda daga zabirarsa.

"Ɗan mishan, an ce ku har bayan takarda kuna karantawa. Karanta mini wagga."

Takardar jam'iyyar Sawaba ce, da hoton raƙumi a samanta. Na karanta da Faransanci, na mayar masa da Hausa. Ta ce Nasara zai tafi. Ta ce noman gandun sarki kyauta zai ƙare, kuma sarakunan da ke tara wa Nasara lampo, wato haraji, za su zama kamar kowa. Sau uku ya sa na maimaita wannan layi na ƙarshe, ina zaune da rabin gashi, mutane suna wucewa suna dariya. Daga baya na gane cewa manyan jam'iyya a Yamai ba haka kawai suke kallon abin ba, har suna zama da wasu sarakuna suna neman goyon bayansu. Amma a gindin tsamiya layin nan muka ji, shi kuma Mumuni ya riƙe.

Gidan su Mumuni su ne wanzaman gidan sarki tun kakan kakansa. Wannan gidan sarauta yana da zanensa, tsaga uku gajeru a gefen idon hagu, kuma zanen yana da ƙa'ida. Wanzamin gida kaɗai ke yin sa, a ranar suna, kafin rana ta faɗi. Tsagar da aka yi bayan wannan rana ba a ƙirga ta, domin a da haka ake yi wa wanda aka kamo a yaƙi. Akwai kuma abin da kowa ya sani ba a cika faɗa ba: wanzamin gida ba ya hana jariri tsaga sai in gidan yana shakkar ubansa.

Ranar Alhamis 18 ga Satumba, kwana goma kafin ƙuri'ar I ko A'a kan ci gaba da zama da Faransa, aka yi sunan ɗan autan Sarki. Uwar yaron Furera ce, ƴar manoma daga Attantane, ba ta fi shekara goma sha tara ba. Sarki ba ya gari. Kumandan, Baturen mulki, ya kira sarakuna duka zuwa Tasawa don ya gaya musu abin da talakawansu za su jefa. Mahaifin Mumuni kuwa, Sarkin Aska, jikinsa ya shanye tun bazara. Saboda haka Mumuni ne ya ɗauki zabira.

Ina cikin zauren. Mu wajen ashirin ne. Liman ya raɗa wa yaro suna Attahiru, ungozoma ta fito da shi, Mumuni ya aske masa kai tas, ba ko ƙwarzane. Daga nan ya goge askar a tafin hannunsa, ya mayar da ita zabira, ya ɗaure.

Galadima ya ce, "Wanzam, ka manta wani abu."

"Ban manta ba, Galadima. Kwana goma suka rage. Yaron ga ɗan ƙasa ne, ba zai ɗauki tambarin kowa a fuska ba."

Mu ashirin muka ji wannan magana. Matan da ke cikin gida ba su ji ta ba. Abin da suka gani kawai shi ne an dawo da jariri fuskarsa ba jini. Mai guɗa ta riga ta ja numfashi, sai ta fasa guɗar.

Dogarai sun doke Mumuni har bakinsa ya fashe, amma ba wanda ya yarda ya kama hannun mai aska da ƙarfi ya kai shi kusa da idon jariri. Da azahar Galadima ya bar tsawa ya koma roƙo. Da la'asar ni ma na je inda suka zaunar da shi a rana, na tsuguna.

"Yaya Mumuni, ka san abin da za a ce da uwar."

Ya tofar da jini ya ce, "Baɗi war haka wa zai tambayi fuskar wani? Kai fa ka karanta mini."

Sarki ya iso bayan magariba. Ya ɗauki yaron ya fito da shi ƙofar gida, ya ce da ƙarfi, "Ɗana ne." Ya faɗa, an kuma ji. Amma rana ta riga ta faɗi.

Ƙuri'a ta zo, I ta ci, A'ar da Sawaba ta nema ta faɗi. A shekara mai zuwa aka haramta jam'iyyar. Ƴancin kai ya iso a watan Agusta na 1960 a hannun waɗanda suka jingina da sarakuna, sarakuna kuma suka ci gaba da tara lampo, sai dai tutar ofishin da ake kai shi ta canza. Tsohon Sarki bai ga wannan ba, ya rasu makonni uku kafin ranar. Ƙanensa ya hau. Ba wanda ya kori Furera. In ta iso rijiya mata sukan yi shiru, in ta aika da tuwo gidan dangin miji sai a dawo da kwano a rufe yadda ya je. Kafin kaka ta goya ɗanta ta koma Attantane.

A 1964, lokacin da ƴan jam'iyya suka shigo da makamai daga waje, aka bi gari gari ana kama duk wanda aka taɓa jin sunansa. Mumuni bai taɓa riƙe bindiga ba. Wasu baƙi biyu ya yi wa aski, aka ce ya san su. Shekara bakwai ya yi a kurkuku can arewa. Ya dawo a 1971 ba haƙoran gaba, ya tarar ƙanensa Rabilu ne Sarkin Aska, sarkin gari kuwa yana da albashi da lambar yabo a ƙirji. Ya koma bin kasuwanni, Gidan Amumune da Baudeta da sauransu, yana aski yana kafa ƙaho. Ya yi aure, matar ta rasu ba haihuwa. Bai ƙara cewa a karanta masa takarda ba.

Sati biyu da dawowarsa daga kurkuku ya roƙe ni in raka shi Attantane. A lokacin ina koyarwa a lakwal, makarantar boko, ana ce mini Mushe. Mun sami Furera tana sussukar gero. Yaron yana gefe, shekararsa goma sha uku, kamannin tsohon Sarki a fuskarsa har da goshin, sai dai gefen idon hagu sumul. Mumuni ya durƙusa cikin ƙaiƙayi.

"Na zo neman gafara."

Ba ta ajiye taɓarya ba. "A lakwal yara suna tambayarsa wane ne ubansa. Ka je ka amsa musu, wanzam. In ka gama ka dawo."

Ya yi ƙoƙarin amsawa. Duk wanda ya zauna a gabansa don aski sai ya ji labarin ranar Alhamis ɗin nan, tun daga farko, har mutane suka fara gudun tabarmarsa. Ya je gaban dattawan gidan sarki sau uku cikin shekara goma sha biyar. Kowane zuwa amsa ɗaya suka ba shi, cewa a gidan nan ba a karɓar shaidar wanzami da baki, da aska yake ba da ita, shi kuwa ya ba da tasa tun 1958. Furera ta rasu a 1985, shekarar da ta biyo bayan babbar yunwa. Mumuni ya je jana'iza, ya tsaya a sahun ƙarshe, ba wanda ya yi masa magana.

Akwai hanya ɗaya da ta rage, ya kuma san ta. Ranar naɗin sabon sarki, da safe, wanzamin gida yakan aske kan ƴaƴan gidan maza duka, babba kafin ƙarami, sa'an nan ya aske mai jiran rawani a ƙarshe. Sai su fito a jere kai ba hula, gari ya gan su. Wanda aka aske a wannan layi ɗan gida ne, ba sauran magana. Da aka yi naɗi a 1987 Mumuni ya kama ƙafar ƙanensa Rabilu, a gabana, ya roƙe shi ya sa Attahiru cikin layi. Rabilu ya ce, "Yaya, kai ka zuba wa gidanmu ƙasa a ido sau ɗaya. Ni ina da bakuna tara da nake ciyarwa."

Daga nan sai shekaru suka yi ta wucewa. Rabilu ya rasu a 2015. Ƴaƴansa ba wanda ya koyi aska, biyu suna kabu-kabu da babur a Mayahi, ɗaya ya tafi haƙar zinariya ba a ƙara jin duriyarsa ba.

A damina ta 2019 sarkin da aka naɗa a 1987 ya rasu. Yanzu masu gari ne ke zaɓen sarki da ƙuri'a, amma ba mai tsayawa sai wanda aka tabbatar ɗan gida ne. Wata safiya Attahiru ya zo gidana. Shekararsa sittin da ɗaya, gemu ya yi fari, manomi ne mai jikoki. Yana so in rubuta masa takardar neman shiga da Faransanci.

"Mushe, ba rawani nike so ba. Ina da hatsina, ina da wakena. So nike a rubuta sunana cikin ƴaƴan gida, ko na ƙarshe ne, a karanta a lasifika. Jikata za ta yi aure, an fara tambayar asalinmu."

Na rubuta, na sa kowace rana da shekararta. Bayan kwana goma sha biyu aka mayar da ita. Ba a taɓa rubuta haihuwarsa a ko'ina ba, sai dangi sun sa hannu, dangi kuma sun ƙi.

Da Mumuni ya ji, ya ce sai mun je Tasawa. Shekararsa tamanin da ɗaya, ido ɗaya ya yi yana, hannunsa yana rawa. Muka hau kabu-kabu biyu, aka ɗaura shi da rawani a bayan mai tuƙi don kada ya faɗi. A ofis wani saurayi mai ladabi ya ba mu kujera, ya saurari labarin har ƙarshe, abin da ba kowa ke yi ba.

"Baba, na ji ka. Amma doka ba ta san tsaga ba. Ko yana da ita ko ba ya da ita, ba ruwanmu. Takardar dangi muke so."

"Dangin kuwa tsaga suke so."

"To, wannan tsakaninku ne."

Da muka fito Mumuni ya zauna a ƙasa, a bakin hanya, motoci suna wucewa. Ya ce, "Mushe, cikin mu ashirin na zauren nan wa ya rage?"

"Ni da kai."

"Kai ɗan mishan, wa zai ji taka? Ni kuma sun ce na ruɗe." Ya dubi hannuwansa. "Na ɗauka sarauta zan yanka. Yarinya na yanka, tana cikin ɗaki ba ta san mi ake yi ba. In na mutu haka, mi zan ce mata?"

Na saya masa ruwa, bai sha ba.

Aka yi zaɓe ba sunan Attahiru. Halifa ya ci, jikan ƙanen tsohon Sarki, mutum mai shekara hamsin da ya yi aikin kwastan. Aka sa naɗi ranar Asabar 16 ga Nuwamba. Sai a lokacin dattawa suka lura cewa a duk zuriyar wanzaman gida mutum ɗaya ne ya rage mai iya riƙe aska. Galadima na yanzu ya zo da kansa, yana magana yana kallon bango.

"Baba Mumuni, aski kawai. Ban da siyasa."

"Ni da siyasa? Haƙorana ma sun fita jam'iyya tun kana goye."

Da Galadima ya tafi dariyar ta ɓace. Ya san in ya fitar da jini a kan ɗan sarki ko ɗaya, za a karɓe askar a ce tsufa ya ci shi. Sati biyu yana gwaji. Ya kankare bayan ƙwarya har ta huje. Ya aske kaina sau huɗu, ya yanke ni sau biyu, kowane yanka sai ya ajiye aska ya riƙe wuyan hannunsa yana zaginsa kamar yaron da ya ƙi aike. A ƙarshe ya gano cewa in ya dafa gwiwar hannu a kan gwiwarsa rawar tana raguwa.

Ranar Juma'a ya aike ni Attantane in ce wa Attahiru ya zo. Attahiru ya saurare ni yana gyaran rumbu.

"In zo a kore ni gaban jama'a? Mutumin nan ya gama da ni tun ina kwana bakwai, Mushe. Mi ya rage bai yi ba?"

Na ce ko bakin tasha ne ya zo ya zauna, ba sai ya shiga gari ba. Bai ce i ba, bai ce a'a ba. Na dawo na gaya wa Mumuni haka. Ya ce, "To."

Asabar da ƙarfe bakwai muka shiga tsakar gidan sarki, ni ina riƙe masa ƙwaryar ruwa da sabulu. A waje an kafa rumfuna, an jera kujerun roba, lasifika tana ta gaishe da baƙi. Ƴaƴan gida goma sha ɗaya suka zauna a tabarmi. Mumuni ya bi su ɗaya bayan ɗaya, a hankali ƙwarai, gumi yana ɗiga daga haɓarsa. Ƙarfe tara da rabi ya gama na goma sha ɗaya, ba jini. Halifa ya cire hula ya zauna a kan buzu. Mumuni ya jawo dutsen washi ya fara wasa aska.

Ya wasa ta minti biyar. Ya wasa ta minti goma. Wani ya leƙo ya ce farefe, babban jami'in gwamnati na yankin, ya iso.

Halifa ya ce, "Baba, bismilla."

Mumuni ya matso kusa da kunnensa. Ni kaɗai na ji, don ina tsugune da ƙwarya. "Saura kai ɗaya, ranka ya daɗe."

"Duk an yi musu."

"Goma sha biyu ne. Ni na aske na ukunsu ranar sunansa."

Halifa ya ce cikin haƙora, "Tsoho, akwai mai injin aski a bakin tasha. Minti biyar ya isa."

"Kira shi. Ba zan ce komai ba, ba ni da ƙarfin faɗa. Sai dai ka tuna, wanga gida ba ya mantuwa. Shekara sittin nan gaba wani zai ce da jikanka, ai kakanka ba wanzamin gida ya aske shi ba."

Mumuni ya koma wasa askarsa a dutse. Bai san ko Attahiru ya zo ba. Ni ma ban sani ba. In an aika aka tarar ba kowa, ya ƙone damarsa ta ƙarshe a banza, ya kuma ƙara wa mutumin wani abin dariya.

Halifa ya dubi dattawa, dattawa suka dubi ƙasa. Lasifika a waje ta ce jama'a su ƙara haƙuri kaɗan. Sai ya juya wajen dogarinsa.

"Je ka tasha. In Baffa Attahiru yana nan, ka ce ina roƙonsa ya shigo."

Ban taɓa jin wani ɗan gidan nan ya kira shi Baffa ba sai ranar.

Minti goma sha huɗu muka jira, na duba agogona. Mumuni bai ɗaga kai ba ko sau ɗaya. Sai ga Attahiru a ƙofa cikin tsohuwar riga ta zuwa kasuwa, ba ta biki ba. Ashe tun da sassafe yana zaune wurin mai shayi. Ya tsaya yana kallon tabarmi. Mutum na uku a layi, wanda Attahiru ya girme shi da shekara biyu, ya yi jinkiri, sa'an nan ya gusa.

Attahiru ya zauna ya cire hula. Mumuni ya jiƙa masa kai, ya dafa gwiwar hannu a kan gwiwa, ya fara daga ƙeya. Da ya zo gefen hagu, kusa da ido, ya tsaya ya numfasa, ya ci gaba.

Attahiru ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Inna ba ta gani ba."

"Na sani."

Mumuni ya gama, ya aske Halifa, aka buɗe ƙofa. Suka fita a jere kai ba hula, su goma sha biyu a bayan sabon sarki, Attahiru na uku. Na ji hayaniyar waje ta ragu, sa'an nan ta tashi. Mafi yawan mutanen da ke rumfa ba su san abin da ya jinkirta naɗin ba, har yau wasu suna cewa rawanin ne aka manta a Tasawa.

Mumuni bai fita kallo ba. Ya wanke hannu, ya ce in kama shi ya tashi, ƙafafunsa sun mutu. Muka bi ta ƙofar baya, ta wajen turken awaki, muka tafi gida a hankali. A hanya ya tambaye ni ko ya yanke shi. Na ce a'a. Ya sake tambaya a bakin ƙofarsa, na sake cewa a'a.

An ɗaura auren jikar Attahiru a watan Janairu. Mumuni ya rasu ranar 9 ga Fabrairu 2020, da hantsi. Attahiru yana cikin waɗanda suka ɗauki makara.